Kifin Da Ba Ya Zuwa Kasuwa

A gaɓar arewacin Tekun Atilantika, daga Norwe da Birtaniya har Kanada, akwai wani siririn kifi mai kama da maciji wanda masana ke kira Pholis gunnellus. Tsawonsa bai cika wuce santimita 25 ba, santsinsa kuwa ya sa mutanen Birtaniya suka laƙaba masa sunan man shanu. In ruwan teku ya ja baya, yakan maƙale ƙarƙashin jiƙaƙƙen dutse ko ciyawar teku yana shaƙar iska har ruwan ya dawo, abin da zai tuna wa mutum haƙurin gaiwa a cikin laka. Da hunturu ƙwayayensa kan cure wuri ɗaya, uwa ko uba ya naɗe jiki a kansu yana gadi. Masunta ba sa fita nemansa. To, mene ne darajar halittar da ba a ci, ba a sayarwa, akasarin mutane ma ba su san da ita ba?

Darajarta ba ta jiran saninmu. Linnaeus, masanin nan na Suwidin, ya rubuta bayanin wannan kifi a 1758, amma kafin nan zamani bayan zamani ya yi yana gadin ƙwansa ba wanda ya duba. In amfanin ɗan Adam ne ma'auni, wancan tsari duka ya zama wasa ke nan, alhali Musulunci ya kore wasa daga aikin Mahalicci. Wani zai ce ai an hore mana abin da ke ƙasa da teku. Haka ne, sai dai horewa amana ce a hannun halifa, kuma mai riƙon amana ba shi ke yanke wa kayan daraja ba.

Wani kuma zai ce kifin yana da amfani a fakaice, tunda tsuntsayen teku da karnukan ruwa da manyan kifaye suna cinsa. Wannan gaskiya ne, amma hujjar ta sake mayar da mu kan tsohon mudu: ranar da muka kasa gano amfanin wata halitta, sai ta halatta mana ɓarnata ta. Ilminmu kaɗan ne, yau ya ƙaru, gobe a gyara shi. Saboda haka duk abin da aka halitta, an rayar da shi, an ciyar da shi, ya cancanci a bar masa muhallinsa, ko mun san sunansa ko ba mu sani ba.