Ƙayar da Ta Rage Cikin Taya

Ɗan'uwana, in tayar kekenka ta taɓa sacewa a hanya, ka san aikin: ka zaro tiyub, ka tsoma a ruwa har kumfa ta nuna hujin, ka kankare, ka manna faci. Amma ka shafa cikin tayar da yatsa? Ni kam na taɓa mantawa, ina sauri zuwa sujada. Ban yi nisa ba ƙayar ta sake hudawa.

Ashe tuba ce, mutum ya roƙi gafara alhali abin da ya soke shi yana nan maƙale? Zakka, cikin Luka 19, ya ɗauki alkawarin biyan riɓi huɗu ga duk wanda ya zamba. Kai fa, hakkin wa ke hannunka har yanzu?