KYAUTAR WALIMAR KAMMALA KARATU: A BA DA DON ALLAH



Duk lokacin da ɗalibai suka kammala a jami'ar kimiyya da fasaha ta Aliero, wadda aka kafa a 2006, ko kwalejin kiwon lafiya ta Jega, ko aka yi saukar Alƙur'ani a wata islamiyya a Maiyama, sai walima ta biyo baya. Madalla. Nana A'isha (RA) ta ruwaito cewa Annabi (SAW) yana karɓar kyauta, kuma yana sāka wa wanda ya ba shi. Amma kyauta tana da ladubba.

Na farko, niyya. Wasu rubuta sunaye suke yi: wane ya kawo dubu goma, ranar tasa walimar dole a mayar da ashirin. Wannan bashi ne aka sa wa hula. Aya ta 6 a Suratul Muddassir ta hana bayarwa don neman abin da ya fi.

Na biyu, a ɓoye adadi. Mai lasifika na shelar "Alhaji ya ba da kaza", ga kawun yaro da ya taso daga ƙauye da kwanon gero, kunya ta hana shi miƙawa. Wallahi wannan ba daidai ba ne. Liƙi kuwa, ban da riya, dokar Babban Bankin Najeriya ta 2007 ta haramta shi.

Na uku, kar ka ci bashi ko ka karyar da buhun albasarka don a ce ka yi. Iya ruwa fid da kai.

Na huɗu, ba da abin da zai amfanar. Wadda ta gama kwalejin lafiya, na'urar awon hawan jini ta fi mata atamfa ta biyar. Mai shirin bautar ƙasa, kuɗin mota yake buƙata. Mai sauka, littafin fiƙihu.

Na biyar, malamai. Kyautar da za ka kai wa malami alhali sakamakonka na hannunsa, ka ji tsoron Allah. Ku tuna yadda Annabi (SAW) ya tsawata wa Ibnul Lutbiyya, mai karɓar zakka, kan kyautar da ya samu saboda aikinsa. Bari sai sakamako ya fito.

Kai kuma ɗalibi, kar ka raina kaɗan. Gode, ka yi addu'a. Kuma ka duba maraya a ajinku wanda ba wanda zai shirya masa walima, ka kira shi taku.

Allah Ya sa albarka a karatun 'ya'yanmu. Amin.