Sharhin Baitoci Uku Kan Ƙarin da Aka Yi wa Ma'aikaci Alkawari

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Bayan haka, ga baitocin:

Wanda ka sa shi aiki da alkawarin ƙari,
Ƙarin ya zama bashi, ba kyautarka ce ba.

Kada ka ce masa gobe alhali kana da shi,
Goben mai jin yunwa ba irin taka ce ba.

Shi kuwa mai bin bashi ya nema a fili,
Ha'inci cikin aiki ba biyan bashi ne ba.

Ka sani, ya kai ɗan'uwa, Allah ya yi mana muwafaƙa, sababin waɗannan baitoci shi ne abin da ya auku a Kamaru a watan Fabrairu na 2022, yayin da malaman sakandare na gwamnati suka ajiye alli a ƙarƙashin ƙungiyar da ake kira OTS. Kukansu shi ne, sabon malami kashi biyu cikin uku na albashinsa ake ba shi har takardunsa su kammala a Yawunde, kuma an riƙe musu kuɗin gida da na duba jarrabawa da na ƙarin girma. A Beka, cikin yankin Faro na jihar Arewa wadda Garwa ce hedkwatarta, wani malami ya yi kimanin shekara goma yana karantarwa ba albashi, ya rasu a watan Maris na wannan shekarar, Allah ya jiƙansa. Cikin watan nan hukuma ta ba da umarnin a fara biya.

Baiti na farko yana amsa wa mai cewa albashi ne wajibi, amma alawus kyautatawa ce, mai bayarwa yana da zaɓi. Muka ce, ƙari iri uku ne. Idan an ambace shi cikin yarjejeniyar ɗaukar aiki, to yanki ne na lada, hukuncinsa hukuncin ijara. Idan an rataya shi ga kammala wani aiki, kamar mai gonar auduga a gefen Binuwai ya ce duk wanda ya gama tsintar wannan kadada yana da jaka biyar, wannan ji'ala ce, asalinta yana cikin Suratu Yusuf, inda aka sanya kayan raƙumi guda ga wanda ya kawo ma'aunin sarki. Da zarar aiki ya kammala, biya ya wajaba. Idan kuwa alkawari ne kawai, mashhurin zance a mazhabar Imamu Malik, wanda Ibnul Ƙasim da Sahnun suka tafi a kai, shi ne alkawari yana lizimtar mai shi matuƙar wanda aka yi wa ya shiga wata ɗawainiya saboda shi. Shehu Haɗɗabi ya yi littafi sukutum kan mas'alolin lizimta wa kai. To malamin da ya bar iyalinsa ya tafi ƙauye mai nisa don dogaro da abin da aka rubuta masa, ai ya riga ya shiga ɗawainiya.

Baiti na biyu kan jinkiri ne. Ya inganta cikin Bukhari cewa jan kafar mawadaci wajen biyan bashi zalunci ne, kuma wanda ya karɓi cikakken aiki ya hana lada yana cikin mutum uku da Allah da kansa zai yi husuma da su ranar Alƙiyama. Mai ƙunci na gaskiya ana yi masa jinkiri, amma ya bayyana ƙuncinsa, ya yanka lokaci, ya rubuta. Ma'aikacin ofis da ya danne takarda sai an ba shi goro, shi ma ya yi tarayya cikin zunubin, ko da kuɗin ba nasa ba ne.

Baiti na uku nasiha ce ga wanda aka zalunta. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana sahabbai taɓa mutumin da ya tsananta masa magana wajen neman bashinsa, domin mai haƙƙi yana da bakin magana. Saboda haka kai ƙara da haɗa kai da sanar da dakatar da aiki a fili hanya ce, gwargwadon larura. Amma ka shiga aji ka zauna ba ka karantar ba, ko ka sayar da maki, wannan tauye mudu ne ga yaro wanda ba shi ya ci maka kuɗi ba.

Duk mai ɗan aiki a gida ko a gona ko a shago, ya binciki kansa da waɗannan baitoci kafin ya zargi hukuma. Allah ya raba mu da haƙƙin bayinsa. Allah ne Masani.