Idan Alƙalamin Hukuma Ya Yi Tuntuɓe

A ƙauyukan Sarkin Yamma, cikin gundumar Madarunfa, ba abin mamaki ba ne a tarar da mutum guda da suna uku. Ran suna an raɗa masa Muhammadu, takardar haihuwa ta ce Mahamane, takardar shaidar BEPC kuma ta taƙaita ta ce Mamane. Muddin yana gona ko kasuwa, ba mai damuwa. Amma ran da ya zama malamin makaranta, ya haɗa takardunsa don shiga jarrabawar CEAP ko CAP, wadda da ita ake tabbatar da ƙwarewarsa a kuma ɗaga matsayinsa, harafi biyu sun isa a ture kundinsa gefe. Wani kuwa takardunsa lafiya lau suke, sai dai kundin ya kwana a aljihun tebur har wa'adi ya wuce, ko mai buga jerin sunaye ya tsallake layi.

To, idan hukuma ce ta yi kuskure, wa ya kamata ya ɗauki asarar?

Doka ba ta yi shiru ba. Gyaran suna a takardar haihuwa yana da hanyarsa ta kotu. Wanda aka hana shiga jarrabawa kuma yana iya rubuta koke ga wanda ya yanke shawarar, ya roƙi a sake dubawa, ko ya kai ga na sama da shi, har minista. Idan aka ƙi, ko aka yi gum, sai ya nemi alƙali ya soke shawarar saboda ta saɓa ƙa'ida. Daga 2013 wannan aiki yana hannun Majalisar da ake kira Conseil d'État, kafin a mayar da shi ga Cour d'État bayan juyin mulkin 2023. Tushen abin kyakkyawa ne: gwamnati ma tana ƙarƙashin dokar da ta kafa.

Sai dai jarrabawa rana gare ta, shari'a kuwa watanni take ci, wani lokaci shekaru. Yamai tana nesa da Maraɗi da fiye da kilomita 600, lauya ba kyauta yake aiki ba, ajin da malam ya bari kuma babu mai riƙe masa. A ce ma ya yi nasara. An wanke sunansa, amma tsaransa sun riga sun ci jarrabawa, sun hau mataki. Kotu tana soke takarda, ba ta mayar da shekarar da ta wuce. Waɗanda suka ga tantancewar da aka yi wa malaman kwantiragi a watan Yulin 2017, wadda bayanta dubbai suka rasa aiki, sun san nauyin suna guda a cikin jeri.

Shi ya sa nake ganin adalcin gaske yana a teburin farko, wurin ma'aikacin da aka nuna wa kurensa. A wasiƙar da ake jingina wa Halifa Umar zuwa ga alƙalinsa Abu Musa al-Ash'ari, an gargaɗe shi kada hukuncin da ya riga ya yanke ya hana shi komawa ga gaskiya idan ta bayyana. Abin da ke wuya ke nan a ofis, don amsa kuskure yana kama da zubar da girma. Alhali idan shakka ta shiga, barin malam ya zauna jarrabawa a riƙe sakamakonsa har a warware bai cuci kowa ba. Idan bai cancanta ba, a soke. Hana shi kuwa ba ya gyaruwa.

Mu ma malamai muna da namu laifi, a faɗi gaskiya. Wasunmu sukan ce ƙaddara ce, su yi haƙuri. Haƙuri da ikon Allah daban, barin haƙƙi a hannun ɗan Adam mai mantuwa daban. Wasu kuma sukan nemi ɗan'uwa a birni ya yi musu kamun ƙafa. Wannan ya fi sauri, na sani, amma yana mayar da haƙƙi alfarma, kuma malamin da ba shi da kowa a birni yana nan inda aka bar shi. Koke a rubuce, mai kwanan wata, wanda aka karɓa aka buga wa hatimi aka ba ka kofi, shi ne kawai alƙali zai iya dubawa gobe, shi ne kuma ƙungiyar malamai za ta iya ɗagawa ta ce ga mutum goma da abu ɗaya ya sama a zagaye guda.