Maratta: Tsakanin Tubarraki da Tarihi

Motar da ta taso daga Birnin Ƙonni ta nufi Madawa, da ta wuce masana'antar siminti ta Malbaza, buhunan albasar Galmi ne ke tarbarta a bakin titi. Nan kusa Maratta take, inda aka haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1754. Kakanninsa Toronkawa, zuriyar Musa Jakollo, a ƙasar Ƙonni suka yada zango bayan sun baro Futa Toro. Yana yaro iyayensa suka koma Ɗagel, ya rasu a Sakkwato a 1817, Hubbarensa kuwa har gobe ba ya rabo da masu ziyara.

To, mahaifar babban malami, ya halatta a killace ta, a riƙa kai mata ziyara?

Masu cewa a'a suna da hujja mai nauyi. An ruwaito cewa da Sayyidina Umar ya ji mutane suna zuwa salla ƙarƙashin bishiyar da aka yi mubaya'ar Ridwan, sai ya sa aka sare ta. Shehu da kansa, a cikin Nurul Albab, ya soki masu girmama itatuwa da duwatsu suna yi musu yanka. Wannan magana tana da wurin zama a ƙasar da Masalata take, garin arnan Ƙonni da ya shahara da arwa. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana yaƙar haɗa Musulunci da tsafi, babban cin fuska ne a wayi gari ana ɗibar ƙasar mahaifarsa ana jiƙa wa mara lafiya.

Amma Abdullahi ɗan Umar, ɗan mai sare bishiyar, an san shi da bibiyar wuraren da Annabi (SAW) ya sauka ya yi salla. A Makka ma, wurin da ake cewa nan aka haifi Annabi ba a bar shi kango ba, ɗakin karatu aka gina a kai.

Hanyar da ta dace da Maratta ke nan, domin gadon Shehu fiƙihu ne da shari'a. A Kitabul Farƙ ya lissafa zaluncin sarakunan zamaninsa, har da karɓar gaisuwa da ƙwace dukiyar talaka. Ƙanensa Abdullahi ya rubuta Diya'ul Hukkam a Kano don masu mulki da alƙalai su san iyakarsu. Har yau manomin da aka ci masa gona yana tsoron shiga kotu hannu rabbana, daga Tawa har Sakkwato.

Hukumomin Malbaza da malaman yankin suna iya gina ɗaki a Maratta, su tara waɗannan littattafai da fassararsu ta Hausa, da boko da ajami, su sa malamin da zai karantar da su. Ɗaliban shari'a na Yamai da na Jami'ar Usmanu Danfodiyo ta Sakkwato su ne baƙin da ya kamata a fara gayyata.