Alhakin Wanda Bai Fita Zaɓe Ba

A shekarar 1989 aka yi wa wata mata fyaɗe da mugun duka a dandalin Central Park da ke birnin New York. 'Yan sanda suka cafke yara biyar masu shekara 14 zuwa 16. Bayan dogon matsi da tambayoyi, huɗu daga cikinsu suka amsa laifi a gaban kyamara, daga baya suka janye, amma kotu ta ɗaure su duka biyar. Sai a 2002 wani fursuna, Matias Reyes, ya ce shi kaɗai ya yi aika-aikar, gwajin ƙwayoyin halitta kuma ya gaskata shi. Kafin nan Korey Wise, ɗaya daga cikin yaran biyar, ya kwashe kusan shekara 13 a tsare.

Alhakin waɗannan shekaru yana wuyan wa?

Mafi yawan malaman fiƙihu ba su karɓar iƙirarin da aka samu ta hanyar tilastawa, kuma suna ganin shubuha tana kawar da haddi. Alƙali da mai gabatar da ƙara ke nan suna da nasu kason. Sai dai a Amurka zancen bai tsaya a kansu ba, domin a galibin jihohi talakawa ne ke zaɓen babban mai gabatar da ƙara, har da alƙalai a wasu wuraren. Wanda ya damƙa wa wani amana kuwa ba ya rasa rabo cikin abin da aka yi da ita.

Haka abin yake ga hukumomin makarantu na gunduma, waɗanda zaɓensu ba ya tara jama'a. Su ke raba kuɗin makarantu, su ke tsara dokokin ladabtar da ɗalibai, sau da yawa su ke yanke shawarar ajiye ɗan sanda a harabar makaranta. Daga irin wannan shawara ake gane ko faɗan yara zai ƙare a ofishin shugaban makaranta ko a caji ofis. Uban da ya yi zamansa a gida ranar wannan zaɓe ya bar wa wasu makomar ɗansa, kuma wannan sakaci ne da Allah zai tambaye shi a kansa.

Birnin New York ya biya mutanen nan biyar na shari'ar Central Park diyyar dala miliyan 41 a 2014, kuɗin da ba su dawo wa kowa da ƙuruciyarsa ba. Ɗaya daga cikinsu, Yusef Salaam, wanda aka kama yana ɗan shekara 15, ya tsaya takarar kansila a unguwar Harlem a 2023, ya kuma lashe kujerar.