Kamfanin da Ya Karye a Maiurno

A Maiurno, garin da Muhammadu Bello Mai Wurno ɗan Sarkin Musulmi Attahiru ya kafa a gaɓar Shuɗin Nilu bayan yaƙin Burmi na 1903, an yi wani saurayi mai shagon cajin waya. Ban da caji, yana tura wa mutane waƙoƙi da finafinai da wasannin kwamfuta, duk kwafi ne, daga kasuwar Sinnar yake samo su.

A ƙarshen 2013 wani wasa ya shigo hannunsa, Game Dev Tycoon. A cikinsa kai ne mai kamfanin ƙera wasanni: ka fara a garejin gida, ka ɗauki ma'aikata, ka sayar, ka bunƙasa. Yaron ya kamu, har abinci sai an yi masa magana. Sai dai duk sa'ad da kamfaninsa ya fara kama ƙasa, saƙo ya fito cewa jama'a na son wasanninsa amma satar su suke yi, ba saye ba. Kuɗi su tsiyaye, kamfani ya karye. Ya sake daga farko, ya ƙara ƙoƙari, haka dai.

Wata rana bayan la'asar kawunsa, tsohon manomin auduga a Jazira, ya same shi ya yi tagumi.

"Ɗana, lafiya?"

"Kawu, ɓarayi ne suka hana ni sakat. Ina yin abu mai kyau, suna kwashewa a banza."

Yayansa da ke karatu a Khartum ya zo hutu, yana zaune a bakin ƙofa, sai ya tuntsire da dariya. Ya ce ai labarin ya zaga duniya. 'Yan'uwa biyu ne suka ƙera wasan, Patrick da Daniel Klug, masu ɗan kamfanin Greenheart Games. A watan Afrilun shekarar suka fitar da shi a kan dala 8, kuma su da kansu suka ɗora wani kwafi a inda masu satar fasaha ke ɗiba, bayan sun dasa wannan masifa a cikinsa. Na halal ba shi da ita. Kwana ɗaya da fitowarsa, sama da kashi 93 cikin 100 na masu buga shi na sata ne a hannunsu, har wasu suka fito intanet suna kukan a koya musu maganin ɓarayi. Ya ce wasu masu ƙera wasa sun fi haka mugunta: a Serious Sam 3 na 2011, wata ƙatuwar kunama da ba ta mutuwa ce ke bin mai kwafin sata har sai ya haƙura.

Saurayin ya ji kunya, amma bai rasa ta cewa ba, kuma maganarsa tana da ƙamshin gaskiya.

"To Yaya, da me zan biya? Tun 1997 Amurka ta ƙaƙaba mana takunkumi. Katin banki na waje ba ya aiki a Sudan. Ko ina da dalar, ta ina zan miƙa?"

Kawu ya gyara zama. Ya ce uzuri ne, amma uzuri ba ya share haƙƙi. Ya shekara yana noman auduga wani na yanka mata farashi, ya san ciwon gumin da ba a biya ba. Tun da akwai ɗan'uwa a Jidda, a kira shi ya saya, a ba iyalinsa fam a nan.

Aka yi haka a daren. Saurayin yana kashe waya ya ɗago, cikin ladabi.

"Kawu, finafinan Kano da nake tura maka duk Juma'a fa? Su ma kwafi ne. Mutanen Kannywood sun daɗe suna kuka da irinmu."

Tsohon ya daɗe yana shafa gemu. Finafinan nan su ne ke kawo masa Hausar ƙasar kakanninsa, wadda bai taɓa takawa ba.

"Su kuma ta ina ake biyansu?" ya tambaya.

Ɗan Khartum ya ce bai sani ba.

"To ka tambayo," in ji Kawu. "Na wannan Juma'ar a dakata tukuna."